Ɗan'uwan Malam Ƙamus

"Ba ke aka rubuta ba, Mama," in ji Akawu. Ya ɗan juyo mata da fuskar kwamfutar, kamar daga gaban kantar za ta iya karanta waɗannan ƙananan baƙaƙen. "Wanda aka rubuta shi zai sa hannu. In ya zo ya sa, ko yau ma sai ku tafi da maras lafiyarku."

"To wa aka rubuta?"

Akawu ya sauko da tabarau kan karan hanci, ya bi layin da yatsa. "Kitiles."

"Wa?"

"Kitiles. Suna ɗaya tal. Ba sunan uba, ba lambar waya, ba adireshi. Amma a gurbin ɗan'uwa mafi kusa aka sa shi, saboda haka ɗan'uwansa ne."

Tela ta sauke kwandon abinci a kan kantar. Shekara goma sha tara ɗakinta na jingine da na Malam Ƙamus a gidan haya ɗaya. Bango guda ne tsakaninsu, bangon ma ba na kirki ba, in ya yi tari ta san na mura ne ko na neman magana. Ta san ranar wankinsa, ta san cokali nawa na sukari yake satar wa kansa bayan likita ya hana. Amma ko a mafarki ba ta taɓa jin wani Kitiles ba.

"Ɗana, duba da kyau. Mutumin nan ba shi da kowa. Matarsa ta rasu tun kafin ya tare gidanmu, ba su haihu ba, ƙanensa ɗaya shi ma ya riga shi."

"Ni dai abin da ke cikin takarda na shigar, kuma da hannunsa ya cika ta." Akawu ya miƙa wuya ya leƙa bayanta. "Na gaba."

Kwana tara ke nan Malam Ƙamus na kwance a asibitin. Jiya Likita ta ja Tela gefe ta gaya mata gaskiya ba kwana-kwana: zuciyar ta gaji, magani ya yi iyakar abin da zai yi, saura kwanaki ne, in sun yi yawa makonni. In akwai wanda zai ɗauki nauyin jinyarsa a rubuce, za a sallame shi ya ƙarasa a gida. Shi ma Malam ya ji, don kunnensa bai taɓa tsufa ba. Da Likita ta wuce sai ya kama gefen gyalen Tela ya ce, "Ki mai da ni ɗakina. Ba na son in mutu a inda ake kira na gado na shida." Ta ce masa an gama. Yau ta zo da niyyar sa hannu, har ta sa Direba, maƙwabcinsu mai tasi, ya wanke motarsa, sai ga wani Kitiles ya tare ƙofa.

Ta wuce ɗakin maza tana huci, ta tarar an yi masa allura yana barci, baki a buɗe, robar iska a hanci. Ta ja kujerar roba ta zauna tana hararar sa. Hararar mai barci ba ta da daɗi, ba ya gani balle ya tanka, amma ta yi ta har aka kaɗa ƙararrawar tashin masu dubiya.

Sunan Ƙamus ba a banza ya same shi ba. Shekara talatin da huɗu ya yi a maɗaba'a yana duba rubutu kafin a buga, shi da jan biro da wani ƙaton ƙamus na Turanci da bangonsa ya ɓalle. Ya yi ritaya, amma biron bai yi ba. Takardar gargaɗin da mai gidan haya ya manna a jikin famfo, sai da ta koma masa da jan zane bakwai. Direba ya sa an rubuta masa wata kalma a bayan tasi, Malam ya bi shi har tasha da gwangwanin fenti. Allon tallan ɗinki da Tela ta kafa a ƙofar gida kuwa, sau uku ana goge shi saboda baƙi ɗaya. In ka yi ƙorafi sai ya ce maka kowace kalma da mazauninta, ba a zaunar da wata a kujerar wata. Kuma duk tsawon shekarun nan, babu mahaluƙin da ya taɓa jin ya ce ya yi kuskure.

Da yamma aka baje maganar a tsakar gida, ƙarƙashin igiyar shanya.

"Kitiles," Direba ya maimaita, yana juya sunan a baki. "Wannan ai ba sunan mutanenmu ba ne. Ko wani Bature ne da suka yi aiki tare?"

"Bature a gurbin ɗan'uwa?" in ji matarsa, tana tsince shinkafa a faranti. "Ku dai ku bari kawai. Mace ce. Duk shiru-shirun nan na maza, in ka tona sai ka tarar da mace a ƙasa."

"Ki ji tsoron Allah, mutum na kwance."

"Ai ban ce ya yi laifi ba. Cewa na yi mace ce."

Direba ya sosa ƙeya. "Ni na kai shi asibiti ranar. Numfashi na yi masa wuya, na ce kawo in cika maka takardar, ya ce rubutuna zai ƙara masa ciwo. Yana cikawa yana haki. Amma wallahi da ya zo wani layi can ƙasa sai da ya dakata, ya yi murmushi, sannan ya rubuta a hankali."

Wannan murmushin shi ya soki Tela. Ta ji haushi, ta kuma ji kunyar jin haushin. Ita ba matarsa ba, ba 'yar'uwarsa ba, marigayi mijinta ne ma abokin musunsa. Amma ita ke ajiye masa ruwan zafi a bakin ƙofa kowace safiya, ita ta riƙa rage masa wuyan riguna a ɓoye da ya fara ramewa, don kada ya lura. Ashe duk wannan lokacin akwai wani can da ake yi wa murmushi, wanda ko leƙe bai taɓa yi ba. Ta ce a ranta ko waye shi sai ta nemo shi. Ya zo ya sa hannu tukuna, sannan ta juye masa abin da ke bakinta.

Makullin ɗakin Malam na hannunta, ta buɗe ta shiga tun da sauran haske. Gadon ƙarfe a gyare, tebur, kujerar katako da aka ɗaure ƙafarta da waya, rediyo, littattafai jere a kan katakan da aka ɗora bisa bulo. Bokon Tela bai wuce rubuta awo da sunayen masu kaya ba, amma ta san K in ta gan ta. Ta jawo akwatin da ke ƙarƙashin gado: takardun aiki, hoton matarsa, wasiƙu uku daga ƙanen da ya rasu. Ta buɗe ɗan littafin lambobin waya, lambobi goma sha ɗaya ne kacal. Tata ce ta farko, sai ta Direba, sai mai kemis, sai mai gyaran rediyo. Babu Kitiles, babu mai kama da shi. Ta ɗauki farar rigar da ke rataye a ƙusa don ta wanke, ta zare jan biron da ke aljihun ta jefa a jakarta, ta ja ƙofa.

Washegari da hantsi ta same shi a farke, an jingina shi da filo biyu. Direba na biye da ita riƙe da filas ɗin shayi.

"Maƙwabciya, ina motar?" Muryarsa ta sirance, amma tsiwar na nan. "Na ɗauka jiya a ɗakina zan kwana."

"Motar na waje. Ɗan'uwanka muke jira."

"Wane ɗan'uwa?"

"Ni za ka tambaya? Shekara goma sha tara, Malam. Ko kyanwa ce ke kwana a ƙofarka ai ka gaya mata kana da wani. Waye Kitiles? A ina yake? An ce in bai zo ya sa hannu ba, ba inda za ka."

Malam ya kalle ta. Sai kafaɗunsa suka fara rawa. Tela ta zabura, ta ɗauka numfashin ne, har Direba ya juya zai kira nas. Ashe dariya ce. Ya yi ta har robar ta zame daga hancinsa, hawaye na bin kumatunsa, mutumin gado na biyar ma ya kama dariya bai san dalili ba.

"Suna suka mai da ita?" ya ce da ƙyar. "Wayyo ni. Ba mutum ba ne, Maƙwabciya. Kalma ce."

"Kalma."

"Ta Turanci. Kuma ba Kitiles ba, kithless. Ki sa harshe tsakanin haƙora."

"Kai da ba ka da haƙoran, a ina ka sa naka?"

Ta mayar masa da robar, ba da taushi sosai ba. Ya jira numfashi ya dawo masa, sannan ya ci gaba.

"Tun ina sabon ma'aikaci na gamu da ita, a wani tsohon littafi da aka kawo a sake bugawa. Na ɗauka kuskure ne, har na ɗaga biro, sai na ce bari in duba ƙamus. Ga ta nan zaune abinta. Ba a cika ganinta ba, masu harshen ma da yawa za su mutu ba su taɓa furta ta ba. Shekara hamsin ina riƙe da ita ban samu inda zan sa ta ba. Ranar nan ina cika takarda, sai ga gurbi kamar don ita aka bar shi."

"Shi ne murmushin," in ji Direba.

"Me take nufi?" Tela ta tambaya. Har yanzu ba ta zauna ba.

Malam ya gyara kwanciya. Tun da ya shigo asibitin ba ta ga idonsa ya yi haske irin na yanzu ba.

"Gida biyu ce. Wutsiyar, less, ma'anarta babu, ko maras. Kan kuma, kith, tsohuwar kalma ce da ta kusa mutuwa. Yanzu ba ta fita ita kaɗai sai tare da abokiyar tafiyarta, kin."

"Na yi me?"

"Ba ke ba. Kalmar ce sunanta kin. Mutane na ɗauka su biyun abu ɗaya ne, alhali ba haka ba. Kin dangi ne na jini. Kith kuwa asalinta daga sani ne: waɗanda ka sani suka san ka, abokai, maƙwabta, mutanen unguwa. To wanda ba shi da waɗannan, shi ne..."

"Tsaya. Maimaita min."

"Abokai, maƙwabta..." Sai ya tsaya da kansa.

"Maƙwabta," in ji Tela. Ta ja kujera ta zauna, ta ɗora jaka a cinya, zaman wanda ya zo da lokaci. "Akwai wadda ke nufin maras dangi kawai?"

"Akwai. Kinless. Amma wannan ai kowa ya san ta, ba ta da wani armashi."

"Takardar dangi ta tambaya ko maƙwabta?"

"Dangi."

"Da ka rubuta ba ka da dangi, ni zan fara yi maka shaida. Sai ka tsallake wadda ta dace, ka ɗauko wadda ta ce ba ka da maƙwabta. To ni mece ce, Malam? Bango ce? Wannan da ya goya ka zuwa mota ƙafa ba takalmi, shi kuma fa, taya ce?"

"Ai yanzu ana amfani da ita a sake, a ce wa duk wanda ba shi da kowa..."

"A sake! Allona sau uku ka sa aka goge. Ba kai ne kake cewa kowace kalma da mazauninta ba?"

Direba ya duƙar da kai yana nazarin murfin filas kamar yau ya fara ganinsa. Mutumin gado na biyar ya juyo gaba ɗaya ya tallafe haɓa, ya samu kallo kyauta.

Yatsun Malam na jan zaren bargo. Da ya buɗe baki, muryar ba ta koyarwa ba ce kuma.

"Ba burga kaɗai ba ce. Kin san wanda ake rubutawa a layin nan? Shi ake bugo wa waya in an cika. Shi ke zuwa ya karɓi gawa, shi ke kwashe ɗaki. Na ɗora biro zan rubuta sunanki, sai na ce da wane haƙƙi? Ban tambaye ki ba, tambayar kuma ta fi ƙarfin bakina. Kin yi jinyar mijinki shekara biyu, kin ɗauki naki kason. Ina cikin haka kalmar nan ta zo ta fitar da ni."

Haushin Tela ya zube nan take, tausayi ya hau wurinsa. Amma ba za ta yi kuka a gaban gado na biyar ba. Ta buɗe jaka ta rufe, ta sake buɗewa.

"To da wa kake tsammani zai yi? Ka rubuta ko ba ka rubuta ba, ni ɗin ce dai. Bambancin kawai ka sa na kwana ina zagin bawan Allah da ba a ma haife shi ba."

"Kuskure ne," ya ce can ƙasa.

"Ban ji ba."

"Na ce kuskure ne. Na yi kuskure."

Direba ya ajiye filas ya ɗaga hannuwa sama. "Gado na biyar, kai ne shaida. In na faɗa a gida ba mai yarda."

Fito da Akawu daga bayan kantarsa sai da ya ci rabin awa. Ya ce ba a gyara abin da aka riga aka shigar, ya ce mutane na jira a layi, ya ce shi ba ɗan aike ba ne. Sai da Likita ta zo wucewa, ta ji labarin, ta yi dariya har ta dafa bango, ta ce masa maras lafiya na da ikon gyara takardarsa matuƙar yana cikin hankalinsa. "Wannan kuwa," in ji ta, "ya fi mu duka hankali." Akawu ya ɗauko fayil ɗin ya biyo Tela yana ƙunƙuni.

Aka ɗora takardar a kan faranti bisa cinyar Malam. Akawu ya miƙa masa baƙin biro, Malam ya kalle shi ya kau da kai.

"Ba a gyara da baƙi."

Tela ta zaro jan biron daga jaka ta sa masa a hannu. Ya dube shi, ya dube ta, bai tambayi yadda aka yi ya zo ba. Ya ja layi ɗaya miƙaƙƙe a kan baƙaƙe huɗun ƙarshe, ya yi wata 'yar alama mai lanƙwasa a gefen shafi, irin wadda ya yi wa dubban shafuka a maɗaba'a, ya sa hannu a ƙarƙashinta.

Akawu ya karɓa ya duba. "To yanzu sunan ɗan'uwan naka Kit ke nan?"

"Ba suna ba ne."

"Baba, kwamfuta ba ta san wannan ba. Mutum take so. Ina Kit ɗin yake?"

"Ga ta nan zaune."

Akawu ya dubi Tela ta saman tabarau. "Mama, ke ce Kit?"

"Ni ce."

"Jiya kika ce ba ki san shi ba."

"Jiya da wutsiya ya zo."

"Ni ma shi ne," in ji Direba, ya matso.

"Yana da gaskiya," in ji Malam, idonsa a lumshe. "Kalmar ta jama'a ce, ba ta mutum ɗaya ba."

"Layin na mutum ɗaya ne," in ji Akawu. Ya yi tsaki, amma bakinsa na neman cin amanarsa da murmushi. Ya tambayi Tela cikakken sunanta da lambar wayarta ya rubuta a gefe, ya nuna mata inda za ta sa hannu, ya ce Direba ya sa a gurbin shaida. Ta riƙe biron sosai ta rubuta sunanta baƙi bayan baƙi, ta san ana kallonta. Malam ya buɗe ido ɗaya ya leƙa, ya ce ba laifi.

Direba bai taɓa tuƙi a hankali irin na ranar ba. Masu motoci na ta yi masa oda a baya, ko a jikinsa. A ƙofar gida ya goya Malam, matarsa ta riƙe musu labule, aka shimfiɗe shi a gadonsa na ƙarfe. Ya bi littattafansa da ido katako bayan katako, ya ce wani ya taɓa masa akwati. Tela ta ce ɓeraye ne. Ya ce lallai ɓerayen gidan nan sun iya ninke wasiƙa.

Ranar farko gidan ya yi tsit. Matar Direba ta kora 'ya'yanta waje, aka daina buga bokiti a famfo, Tela ta lulluɓe keken ɗinkinta da zane. Kowa na tafiya da sanɗa yana magana da raɗa. Washegari da safe Malam ya ƙwanƙwasa bango da cokali, Tela ta shigo da sauri.

"Wa ya mutu a gidan nan?"

"Ba kowa."

"To me ya sa kuka yi shiru? In shiru nake so da na zauna a can, su ma sun fi ku motsi. A ɗaure labulen nan, a bar ƙofar a buɗe. Ki fito da kekenki baranda inda zan riƙa ji. Kullum ina cewa ƙararsa na hana ni karatu, kwana goma ban ji shi ba na kasa barcin rana."

Aka yi yadda ya ce. Direba ya ɗauko keken ya kafa a baranda daidai ƙofar Malam, yara suka dawo da ihunsu, bokitai suka koma karo da juna. Kwanakin da suka biyo baya masu daɗi ne, Tela ba ta jin kunyar faɗin haka. Ta daina ƙirga masa sukari. Mai kemis ya zo, mai gyaran rediyo ya zo, wani tsoho da suka yi aiki tare a maɗaba'a ya ji labari ya zo da sandarsa, suka yi awa biyu suna zagin rubutun jaridun yanzu. Duk wanda ya zauna sai Direba ya ba shi labarin Kitiles daga farko, kullum yana ƙara masa gishiri, Malam na gyara masa daga kwance. Matar Direba kuwa ta ƙi janye maganarta.

"Na ce muku mace ce," in ji ta, tana nuna Tela da ludayi. "To wa ya sa hannu?"

Abincin ya riƙa raguwa, daga rabin kofi zuwa cokali uku, daga nan sai jiƙa leɓe. Maganar ma ta ragu. Rana ta biyar ya ce wa Tela littattafan a kai makarantar da ke bayan layi, ƙamus ɗin kuma ta riƙe. Ta ce me za ta yi da shi, ita da ba ta jin Turanci. Ya ce yana da nauyi, zai danne mata yadi in tana yanka. Ta ce to. Ba su ƙara komai a kai ba, kuma ba wanda ya ji akwai saura.

Rana ta shida bayan azahar gidan na cike da hayaniyarsa ta kullum. Ana wanke-wanke a bakin famfo, wani rediyo na ba da labarai a ɗakin ƙarshe, yara na musu a kan ƙwallo. Tela na kalmashe bakin wani dogon labule da aka kawo mata. Daga inda take zaune tana hango rabin gadon ta buɗaɗɗiyar ƙofa: ƙafafunsa a cikin bargo, da hannunsa na dama a kan ƙirji. Tun da aka fito da keken ta lura yana bin takunta da yatsa ɗaya, in ta yi sauri ya yi sauri, in ta tsaya gyara yadi shi ma ya jira ta.

Ta kai tsakiyar labulen ta ɗaga kai, yatsan na motsi. Ta ja yadi, ta daidaita ninkin, ta ci gaba. Da ta sake ɗaga kai, yatsan na kwance tare da 'yan'uwansa. Ta dubi bargon a kan ƙirjinsa, ta daɗe tana dubawa, ƙafafunta na takawa da kansu. Ta gane. Hawaye suka zubo mata, ba ta share ba, don hannuwanta biyu na kan yadi.

Saura kamar taƙi biyu kalmasar ta ƙare. Ta taɓa jin an ce kunne ne ke tafiya a ƙarshe, kuma in da sauran ji a nasa, ba ta so abin da zai ji ya zama tsayawar keke da gudun mutane. Ta ci gaba da takawa yadda ta saba, ba sauri ba nawa, allura na bin ninkin a miƙe.

Ta kai ƙarshen kalmasar, ta ɗage ƙafa, ta dafa wilin keken da tafin hannu har ya tsaya. Sannan ta yanke zaren, ta cire takalmanta a bakin ƙofarsa, ta shiga.